Kofi, Siririyar Roba da Kunyar Ɗan Fari

Da sunan Allah, wanda ya koya wa jariri tsotso tun bai ga fuskar uwarsa ba. Tsira da aminci su tabbata ga Annabinmu, wanda shi ma sai da aka nema masa mai shayarwa.

Abin da ya sa na ɗauki alƙalami wata magana ce da na tsinta a bayan ƙofa. Kwanan baya an kawo mana sababbin 'yan mata ɗakin yara masu tamowa, wato yaran da yunwa ko ciwo ya ƙarar, kowace da farin hijabi mai karin guga da waya a tafin hannu. Ina tsugune ina wanke kofuna, sai na ji ɗaya tana tambayar 'yar'uwarta.

"Wai wannan tsohuwar da ake ce wa Ya Zara, mene ne aikinta?"

"Madara take ba yara."

"Sai kuma me?"

"Shi ke nan."

"Lallai wasu na cin bulus a duniyar nan."

Allah ya yi muku albarka, 'ya'yana. Kun gano ni. Tun gashin kaina yana baƙi nake cin bulus a ɗakin nan, ga shi har ya yi fari ba wanda ya lura sai ku. To, tun da na kusa ajiye aiki, kuma a cikinku za a zaɓi magajiyata, bari in rubuta muku yadda ake cin bulus ɗin, kada ya shaƙe ku. Da ajami na rubuta, don shi mahaifina ya koya mini a zaurensa na Hausari. Wadda za ta mayar da shi boko, ladanta yana wurin Allah, kuskurenta kuma nata ne.

Kayan aikin ba su da yawa, kuma babu wanda za ku so ɗaukar hoto da shi. Akwai ƙaramin kofin roba marar hannu. Akwai cokali, da tsumma, da sabulu. Akwai wata roba siririya kamar tsinken tsintsiya, mai rami a ciki, da filastar manna ta. Akwai kujera 'yar tsugunne, wadda za ta fara cin ƙugunku tun kafin yaran su ci ƙarfinku. Fida kuwa, kwalbar nan mai kan roba da ake jerawa cikin kayan suna, ba ta shigowa ɗakinmu. Lungun da ke cikin kanta ba ya wankuwa, kuma a garin da madara ke tsami kafin mutum ya gama alwala, wannan lungun shi ne gidan gudawa.

Shi kuma kofi ba zubawa ake yi da shi ba. Za ki naɗe hannayen jariri cikin zane, ki zaunar da shi a cinyarki, ƙeyarsa a tafinki, ki ɗora bakin kofin a leɓensa na ƙasa, ki karkata har madarar ta taɓa leɓen. Sai ki tsaya nan. Shi ne zai miƙo harshe ya lasa kamar ɗan kyanwa, ya huta, ya yi tunanin duniya, ya sake lasa. Madarar da ke za ki kurɓe a numfashi guda, shi zai iya zaunar da ke a kanta har inuwa ta juya. In kika gaji kika ɗaga gindin kofin don a gama da wuri, madarar ta san hanyar huhu, ba sai an raka ta ba.

Wadda ta koya mini aikin Mama Saratu ce, 'yar Babur daga wajen Biu, mai zuwa coci da ɗankwali mai sitaci, mace marar son dogon bayani. Watannin farko ba ta bari na taɓa yaro ba. Kofuna kawai. In na wanke, sai ta ɗaga su ga hasken taga, ta shinshina, ta mayar mini da su cikin baho.

Ranar da ta ce za ta nuna mini yadda ake ba yaro kunu, sai na ga lokaci ya yi da ni ma zan fito da ilimina. Na ce, "Mama, ai wannan mun gada. Ɗura ake yi. A kwantar da shi a cinya, a tara hannu a bakinsa, a toshe hanci, a zuba. Kafin ya gama kuka ya ƙoshi."

"Haka ne?"

"Da ita aka raine mu duk gidanmu, ga mu kuwa garau."

"Waɗanda ba su yi garau ba ai ba sa zuwa gardama," in ji ta. "Kwanta a bencin nan."

Na ɗauka wasa ne. Ta kira mai shara ta riƙe mini hannaye, ta matse mini hanci, ta tuttula mini ruwa kofi guda a baki. Na ga taurari da rana tsaka. Ruwa ta hanci, ruwa ta ido, ina tari kamar tsohuwar akuya. Ta tsaya a kaina tana goge hannu da tsumma.

"Ke babba ce, kina da bakin zagina. Shi wa zai gaya wa?"

Iyakar karatuna ke nan a kan ɗura, kuma har yau ban nemi a maimaita mini ba. Ku an ba ku takarda mai hatimi, ni an ba ni ruwa ta hanci.

Masu sayen hajarmu kuwa, ko a kasuwar Gamboru ba a taɓa yin irinsu ba. Ba sa magana, ba sa godiya, in kin yi musu da kyau su yi miki tumbuɗi a kafaɗa. Kuma kowane jariri majalisa guda yake tafe da ita. Kaka ta ce beli ne, a kai wa wanzami ya yanke. Maƙwabciya ta ce haƙori ne, yaron da ko wuyansa bai tsaya ba. Uba ya shigo da yamma da tsire a takarda da lemon kwalba, ya ajiye gaban yaron da cikinsa ya manta yadda ake karɓar ruwa, ya ce mu ne muke hana shi ci. Shi kuwa ɗan tamowa na gaske ba ya ma son abincin. Yunwa in ta daɗe, sha'awar ci take fara kashewa. Kaɗan-kaɗan ake bi da shi, daidai awon da likita ya yanka, ko da uwar tana harararki tana cewa kin shanye rabin madarar a hanya.

Wata Hajiya ta taɓa aiko mota har gida aka ɗauke ni zuwa GRA, wai ɗanta ba ya cin komai. Na shiga falo na tarar da yaro kamar matashin kai, biskit a hannun dama, yogot a hagu, 'yar aiki na bin sa da cokali, wata na riƙe masa waya yana kallo. Na ce a ɗauke biskit ɗin, a bar shi ya san yunwa, sannan ta zauna a tabarma su ci a kwano ɗaya. Ta dube ni kamar na ce a sayar da shi. A keke mai ƙafa uku na koma gida, motar ta tafi wani aiken.

Sai shekarar gudun hijira, wadda ba sai na kwatanta muku ba, don wasunku a cikinta kuka shigo Yerwa riƙe da gefen zanen iyayenku. Mutane suka yi ta kwararowa ta hanyar Konduga, makarantu suka koma gidaje, ɗakinmu ya cika har baranda. Gado ɗaya uwa biyu. Sabulu ya zama abin ɓoyewa. Mama Saratu gwiwa ta fara cin ta, tana shirin komawa Biu, ta fasa.

Wata safiya wata tsohuwa ta shigo goye da jariri, doguwa, busasshiya, tana tafe kamar ta zo kama ɓarawon akuyarta. A bayanta wata matashiya riƙe da buta da ƙunshin kaya, kanta a ƙasa, sai ka ce maƙwabciya ce ta yi rakiya. Aka kwance goyo. Yaron bai fi wata biyu ba, fatarsa ta yi masa yawa, in ya buɗe baki zai yi kuka iska ce kawai ke fita.

Na gaishe su da wushe, gaisuwar Barebari, tsohuwar ta amsa da Hausar ƙauye tsantsa. Ashe asalinsu mutanen Haɗeja ne, noman albasa ya kawo iyayensu wani ƙauye a gefen Konduga. Sunanta Gwaggo Tabawa. Matashiyar kuma Habi, matar ɗanta, ita ce uwar jaririn. Mijin yana cikin gari yana tura kurar ruwa.

Na ce, "Habi, yaya sunan yaron?"

Ta ƙura wa butar ido kamar a jikinta aka rubuta amsar.

"Ke kuwa baiwar Allah, a ina kika taso?" in ji Gwaggo Tabawa. "Ɗan fari ne fa. Kuma sunan marigayi maigidana ya ci. Ta ina za ta faɗa? Ni Angona nake ce masa."

"To, Angon naki me ya same shi?"

"Nonon uwar ne ya lalace. Tsoro ya shige shi ranar da muka gudo. Na tatsa a murfin kwano na jefa tururuwa, ta mutu."

"Gwaggo, ko a ruwan Zamzam kika jefa tururuwa ai mutuwa za ta yi. Ba ta iya iyo ba ne."

"Ke likita ce?"

"A'a. Mai kofi ce."

"To, ki tsaya a kofinki."

Likita ya duba yaron, ya ce zai sha madarar asibiti har ya farfaɗo, amma dole nonon uwa ya dawo. In aka sallame shi a kan madarar gwangwani zuwa ajin makarantar da suke kwana, inda ruwa sai an yi layi, itacen tafasa shi kuma sai an yi faɗa, to ko dai ya dawo mana da gudawa, ko kuma kada ya dawo. Gwaggo Tabawa ta saurara har ƙarshe, sannan ta yanke nata hukuncin. Ta ba mu zuwa Juma'a ta sama. In bai kama nono ba, wanzamin garinsu yana nan a sansanin 'yan gudun hijira, da askarsa ya gudo, shi zai yanke masa beli.

Nan siririyar robar take shigowa. Ana tsoma bakinta ɗaya cikin kofin madara, ɗaya bakin a manna shi da filasta a jikin nono, daidai kan. Yaro ya kama, ya ja, madarar kofi ta taho masa ta robar. Shi a ganinsa uwarsa ce ta yi arziki, sai ya ƙara ja. Jan nan kuwa shi ke tashin nonon da ya yi barci. Da farko kofin yana sama kusa da ƙirji don madarar ta zo da sauƙi. Yana ƙara ƙarfi kina sauke kofin, yana ƙara shan wuya, har ranar da za a cire robar bai ma lura ba. Yaudara ce, amma na tambayi malamai, ba su ce haramun ba ce.

Mun yi wa mata da yawa a shekarar, har da wata kaka da ta shayar da jikanta maraya. Amma a kan Habi dabarar ta ƙi. In lokacin shayarwa ya yi, sai ta karɓi yaron kamar an miƙa mata garwashi, ta cusa shi ƙarƙashin hijabi, ta miƙar da wuya, ta juya fuska ga bango. Ni ina laluben roba a duhun hijabi, shi yana laluben nono, ita tana nazarin tsagar bango. Ba ta ganin bakinsa, balle ta gyara. Sai ya kama ɗan tsinin kan kawai, ya yi ta tauna da dasashi har wurin ya tsage. Roba ta zame, madara ta jiƙa zane, yaro ya gaji ya yi barci da yunwarsa.

"Habi, dubi bakinsa. Sai ya wangame, haɓarsa ta taɓa nonon, baƙin nan ya shige ciki."

Ta dubi silin.

Gwaggo Tabawa kuwa tana zaune a ƙarshen gadon, gwiwarta na taɓa ta Habi, tana ba matan ɗaki labari. "Yarinyar nan akwai tarbiyya. Tun da ta haife shi ko sau ɗaya ban kama ta tana kallonsa ba. Ba irin 'yan birni ba, masu yi wa ɗan fari rawa a gaban surukai."

Da kofi muke riƙe da ransa. Nono kuwa ko ɗigo, kuma Juma'a tana matsowa.

Wata rana da hantsi Gwaggo ta tafi layin banɗaki, wanda a lokacin ya fi layin mai tsawo. Na zo wucewa da baho, sai na hangi Habi ta gefen ido. Ta yaye hijabin, ta duƙa, hancinta a kan maɗigar yaron, tana yi masa wata magana ƙasa-ƙasa. Da yatsa ta buɗe masa baki, ta tura nonon yadda na yi kwanaki ina roƙonta. Ashe duk ta ji. Can sai ga ƙarar silifas ɗin Gwaggo daga baranda. Kafin in ajiye bahon, hijabi ya rufe, wuya ya miƙe, fuska ta koma bango.

Na je na gaya wa Mama Saratu. Ta riƙe haɓa.

"Mu a gidanmu ɗan fari shi ake fi rungumewa. Ku kun mayar da shi suruki."

Na ce mata ba haka ba ne. Kunyar ɗan fari ba ta hana yaro ƙoshi a ƙauye, domin mai haihuwar fari gidan iyayenta take tafiya wanka. Ko ta dawo, tana da ɗakinta da asabarinta. A tsakar gida ta ɗauke kai kamar ba ta san shi ba, in ta saki asabari ta cinye shi da ido. Kowa ya san haka, kowa yana yin kamar bai sani ba. Al'ada ce ta masu bango. Ita kuwa Habi da tsohon ciki ta gudo, iyayenta suka yi wata hanyar, ta haihu a ajin makaranta, tabarma ɗaya da uwar mijinta, ido ta ko'ina. Tun ranar da aka haife shi ba ta sami inda za ta dube shi ba.

"To, gaya wa tsohuwar mana."

"In ce mata me? Surukarki ba ta da kunyar da kike yabo, ko kuwa zamanki ne ke kashe jikanki? Zaɓar mini wadda za ta bar mu da yaron zuwa la'asar."

Sai na koma ga aike, don ƙarya ba ta cikin kayan aikina. Na naɗa Gwaggo Tabawa sarauniyar kofuna. Na nuna mata baho, na ce ba wanda ya iya wanki a ɗakin nan, wanda kuma gaskiya ne. Na manta cewa matar da ta tako daga Konduga da ƙafa ba za ta daɗe a kan kofuna ba. Kafin in gama manna filasta ta dawo, kofuna na ƙyalli, tana tambaya ko da saura. Na tura ta ɗebo ruwan zafi, ta dawo. Na tura ta layin abinci, ta ratsa layin da baki, ta dawo da kwano biyu. Ko ta yi nisa ma, gadon da ke kallon na Habi wata 'yar garinsu ce a kai, Lantana, mai ido kamar na mujiya, kuma labari ba ya kwana a bakinta.

A ɗakin muna da labule guda ɗaya mai taya, kore. Ranar Alhamis, jajibirin Juma'ar Gwaggo, na aike ta bakin famfo da kofuna, na turo labulen na kewaye gadon Habi, ina jin kaina mai hikima. Abin da hikimar tawa ta tsallake shi ne, a shekarar nan aiki ɗaya labulen yake yi, kuma duk matan ɗakin sun san shi. Ba a kewaye gado da shi sai yaro yana barin duniya.

A ciki komai ya tafi daidai. Habi ta dube ni, ta dubi labulen, ta cire hijabin gaba ɗaya. Yaro ya kama, robar ta yi fari da madara, maƙogwaronsa ya fara aiki. A waje kuwa ɗakin ya yi tsit, sannan wata ta fara salati, wasu suka amsa. Sai ƙarar kofuna a ƙasa. Gwaggo Tabawa ta fizge labulen har tayarsa ɗaya ta fita, bakinta a buɗe za ta kurma ihu.

Ihun bai fito ba. Ga surukarta ba hijabi, ta rungume ɗan fari a ƙirji, leɓenta a goshinsa, a gaban uwar miji da Lantana da duk wanda Allah ya ba ido. Habi ta sandare. Yaron ne kaɗai bai san an yi abin kunya ba. Ya ci gaba da haɗiya, ƙut, ƙut, kowa na ji.

Gwaggo ta tsugunna ta tsince kofunan ta fita. Ban bi ta nan take ba, sai da yaron ya saki nono da kansa. Na same ta a bakin famfo tana sake wanke su, kowane kamar shi ya yi mata laifi.

"Mai kofi," in ji ta, ba ta ɗago ba, "kin sa na yi wa Angona takaba yana raye."

"Ki yafe ni, Gwaggo."

"Kin kuma sa na ga abin da bai kamata in gani ba."

"Haka ne."

"Duk aiken nan da kike yi mini kamar 'yar talla, na wannan ne?"

"Kofunan dai da gaske suna bukatar wanki."

Ta yi tsaki. Ta daɗe tana cuɗa kofi ɗaya.

"Na ji maƙogwaronsa," ta ce. "Tun da aka haife shi ban taɓa jin wannan ƙarar ba."

Na miƙa mata wani kofin. Sauraro ma yana cikin aikin, kuma ya fi riƙe kofi wuya.

"Ubansa ɗan farina ne. Kin san inda na shayar da shi? Bayan rumbu. Can nake kai shi in yi masa waƙa, in yi wasa da yatsunsa. Uwar mijina, Allah ya jiƙanta, da ta ga na nufi can sai ta tuna tana da aiki a ƙofar gida. Har ta mutu ba ta taɓa leƙa bayan rumbun nan ba, ni kuma ina ta jin daɗi wai na iya ɓuya." Ta zubar da ruwan bahon. "Na zauna ina ta yabon yarinya. Na manta ba mu da rumbu."

Ta miƙe ta koma ɗaki, ina biye. Habi ta riga ta ƙulle kayansu, ta mayar da fuska bango, tana jiran hukunci. Gwaggo ba ta ko dube ta ba. Ta kwance ƙunshin, ta zaro zanenta na fita, atamfa mai ruwan goro, ita kaɗai ta tsira da ita daga gida. Ta ɗaura gefe ɗaya a ƙarfen taga, ɗaya a sandar gidan sauro. Ta ja kujerata 'yar tsugunne ba tare da ta tambaye ni ba, ta zauna a waje, ta ba zanen baya.

"Ke Lantana, me kike kallo? Angona ne ya shiga lalle, ba ya son ido. Duk wadda ta leƙa mini miji, ni da ita ne."

Ɗaki ya ɗauki dariya, har masu salatin ɗazu. Wata Babarbariya daga gadon ƙarshe ta ce, "Kaka, angon naki fa ba haƙori."

"Ni ma ai babu. Mun dace."

Juma'a ta zo ta wuce, ba wanda ya tuna da wanzami. Kullum in lokaci ya yi, Gwaggo ce ke fara ɗaura zane, ta zauna gadi, ta ce wa iska, "Ni dai ban san abin da ake yi a ciki ba." Ni kuma ina ciki ina sauke kofi. Daga ƙirji ya dawo cinya, daga cinya ya dawo gado. Likita ya rage madarar, sikeli bai ja da baya ba. Wata safiya Habi ta taɓa ni, ta nuna mini gaban rigarta ya jiƙe tun ba a kawo kofi ba. Mama Saratu ta zo tana ɗingishi ta duba, ta yi godiyarta irin ta coci, na ce alhamdu lillahi, muka ɓare filastar. Ranar sallama Gwaggo ce ta goya shi, Habi na biye da buta, kanta a ƙasa, kamar maƙwabciya ta yi rakiya.

Bara Habi ta dawo, ta kawo wata ƙaramar 'yarta awo. Da ƙyar na gane ta, ta yi jiki. Ta ce Gwaggo Tabawa ta rasu, muka yi mata addu'a. Tare da ita akwai wani yaro dogo mai manyan kunnuwa, riƙe da jakar jaririyar, yana cin dafaffiyar gyaɗa ba ƙaƙƙautawa.

"Habi, wannan fa?"

Ta dubi taga. "Wani yaro ne na gidanmu."

Tana faɗa, hannunta na gyara masa wuyan riga, ba tare da ta dube shi ba. Goyon da ke bayanta kuma da wata tsohuwar atamfa mai ruwan goro aka yi shi, duk ta koɗe.

To, 'ya'yana, bulus ɗin ke nan. Gobe da safe za ku fara da kofuna, zan ɗaga su ga hasken taga. Bencin Mama Saratu ma yana nan, ga mai son gardama a kan ɗura. Kowace ta taho da zane guda na daban a jakarta, mai kauri, wanda ido ba ya ratsawa. Allah ya ba ku ƙugu mai haƙuri, ya kuma sa a yi muku tumbuɗi a kan farin hijabin nan tun ranar farko. Sai wanda ya ƙoshi yake yi.